Raddi: A Daina Yi wa Maƙerin Aston Ƙazafi

Edita, ina roƙon a ba ni ɗan fili a wannan mujalla tamu mai farin jini domin in amayar da abin da ya daɗe yana ci mini tuwo a ƙwarya, tun ranar da muka zagaya da sababbin ɗalibai cikin garin Birmingham domin su san hanya.

Waɗanda suka halarci zagayen za su tuna cewa da muka iso titin Broad Street mun tsaya a kan gadar nan da ke bisa hanyar ruwa, wadda tun shekarar 2019 aka raɗa wa suna Gadar Black Sabbath. Akwai benci a wurin mai ɗauke da fuskokin mutum huɗu. Yara sun gaji, suka zauna, aka ɗauki hoto, ana raha. Can sai wani babban yayanmu, wanda ba zan kama sunansa ba saboda girmansa da nake gani, ya daka wa wani ƙaninmu tsawa a gaban jama'a, wai ya tashi daga kujerar masu bautar Shaiɗan. Yaron nan satinsa biyu ke nan a ƙasar, ya miƙe jiki na ɓari kamar wanda aka kama da kayan sata. Daga baya kuma aka cire hoton daga cikin waɗanda za a buga a fitowar da ta wuce, ba tare da an ce wa kowa uffan ba.

Yaya, da kai nake, kuma da girmamawa nake yi. Ban zo in yi jayayya a kan hukuncin kiɗa a Musulunci ba. Wannan fage ne na malamai, sun daɗe suna tattaunawa a kansa, ni kuwa ko almajirin kirki ban kai ba. Wanda ya ce shi ba ya sauraren kiɗa kowane iri, na jinjina masa. Abin da na kasa haɗiyewa shi ne a ɗauki mutum mai rai, mai suna, a liƙa masa bautar Iblis alhali ba a san ko da sana'ar ubansa ba. A cikin Suratul Hujurat an umurce mu da mu bi diddigin labari kafin mu yanke hukunci, kuma ban taɓa jin malamin da ya ce an cire Bature daga cikin waɗanda ake yi wa wannan adalci ba. Balle kuma mu da muka baro gida muka ƙetaro teku da sunan neman ilmi da bincike.

To, bari in ba da labarin ɗaya daga cikin mutum huɗun nan, wanda shi ne ginshiƙinsu, wato mai kaɗa jita, Tony Iommi.

An haife shi a ranar 19 ga Fabrairu, 1948 a nan Birmingham, iyayensa 'yan asalin Italiya ne, kuma ya tashi a unguwar Aston inda suke da ɗan kanti. Ashe ke nan shi ma jinin baƙi ne kamar mu. Aston ta wancan lokaci unguwar leburori ce, ga hayaƙin masana'antu, ga kangwayen da bama-baman yaƙin duniya na biyu suka bari. Yaro in ya gama makaranta yana da shekara 15, ƙofar masana'anta ce take jiransa. Shi ma can ya nufa, ya zama mai walda a wata masana'antar fallayen ƙarfe, da dare kuma yana kaɗa jita a gidajen rawa. Bahago ne, saboda haka da hannun hagu yake bugun tsirkiya, da yatsun dama kuma yake danna ta.

Yana da shekara 17 ya sami tayin bin wata ƙungiyar makaɗa zuwa Jamus, ya ba da sanarwar barin aiki. A ranarsa ta ƙarshe ya koma gida cin abincin rana ya ce shi ya gama, ba zai koma ba. Mahaifiyarsa ta ce sam, ya je ya ƙarasa yinin kamar yadda ya yi alkawari. Da ya koma, matar da take aiki da injin matse ƙarfe ba ta zo ba, sai aka ɗora shi a kan injin da bai saba da shi ba. Injin ya sauko masa a hannun dama, ya fizge hannun, kawunan yatsu biyu suka tsaya a ciki: na tsakiya da mai bi masa na kusa da ƙaramin yatsa. Daidai yatsun da yake danna tsirkiya da su. A asibiti aka ce masa ya manta da jita.

Jama'a, mu tsaya a nan tukuna. Mu nawa ne a wannan ƙungiya muke aikin dare a rumbunan ajiyar kaya da masana'antun shirya abinci domin mu haɗa kuɗin haya? Mu nawa aka taɓa ce wa "wane bai zo ba, je ka riƙe masa injinsa," ba tare da an koya mana komai ba, muka kuwa je saboda tsoron kada a rage mana awoyi? Ni dai an yi mini, kuma na san ba ni kaɗai ba ne. Duk ranar da na tsaya gaban injin da ban sani ba, yaron nan na Aston ne yake faɗo mini a rai. Labarinsa ya fi kusa da rayuwarmu a ƙasar nan fiye da labarin duk wani mai kuɗi da muke yaɗa hotonsa a waya.

Yana kwance a gida zuciya ta mutu, sai shugabansa na wurin aiki ya kawo masa faifan wani makaɗin jita mai suna Django Reinhardt, ya matsa masa sai ya saurara. Da ya saurara ya yaba, sai mutumin ya gaya masa cewa da yatsu biyu kacal wannan makaɗi yake danna tsirkiya, domin gobara ta nakasa masa sauran biyun a shekarar 1928. Daga nan Iommi ya miƙe.

Abin da ya yi bayan haka shi ne ya sa nake kiransa maƙeri. Kan yatsun ya zama ƙashi ne da 'yar fata a sama, ko taɓa tsirkiya ya yi sai azaba. Sai ya ɗauki robar sabulun wanke kwanuka na Fairy Liquid, ya narkar da ita ta dunƙule, ya sa ƙarfe mai zafi ya huda rami daidai girman yatsansa, ya zauna kwana da kwanaki yana gogewa da samfefa har ta yi siffar kan yatsa. Da ya gwada sai robar ta riƙa zamewa a kan tsirkiya. Ya yanko fata daga wata tsohuwar rigarsa ta fata ya manna a kai da gam. Da irin waɗannan hulunan yatsu ya yi kiɗa fiye da shekara 50, kuma ku tuna ba ya jin tsirkiyar a jikinsa ko kaɗan, da kunne kawai yake gane ko ya danna daidai. Tsirkiyoyin jita na lokacin masu kauri ne, suna yi masa tauri, kamfanoni kuma suka ce ba a yin sirara. Sai ya ciro na wani abin kiɗa da ake kira banjo ya haɗa da nasa, har zuwa lokacin da kamfanin Picato ya yarda ya ƙera masa. Yau duk kantin kayan kiɗa da ka shiga za ka tarar da siraran tsirkiyoyi a rataye.

Bai tsaya nan ba. A faifansu na uku, Master of Reality na shekarar 1971, ya sassauta ɗaurin tsirkiyoyin har sautin ya sauka mataki uku a ma'aunin Turawa. Sassautawar ta rage wa yatsunsa zafi, ta kuma sa muryar jitar ta yi kauri da nauyi kamar rugugin hadari. Wannan nauyi shi ne asalin abin da Turawa suke kira hebi metal, wato ƙarfe mai nauyi, wanda ni zan kira kiɗan ƙarfe. Dubban makaɗa daga Amurka zuwa Brazil, daga Finland har Botswana, suna sassauta tsirkiya a yau, mafi yawansu da yatsu goma lafiya lau, suna bin sawun dabarar da wani ya yi don ciwo ya dame shi.

Mu Hausawa bai kamata wannan ya zama mana baƙon abu ba, domin mun san kiɗan sana'a. Mahauta suna da kalangu, manoma suna da gangar noma, maƙera suna da dundufa, kowace sana'a da amon da ya dace da motsin jikin mai yinta. Birmingham garin maƙera ne tun fil azal, har ana yi mata kirari da birnin sana'a dubu. 'Yan ƙungiyar sun sha faɗa cewa da ƙarar gudumar injin masana'anta suka tashi, dare da rana. Mawaƙinsu Ozzy Osbourne ya yi aiki a mayanka, ya kuma yi a masana'antar da ake gwada ƙahon mota. Me ake so su kaɗa, kiɗan furanni da bakin teku irin na 'yan California? Abin da Iommi ya ƙware a kai shi ne ɗan gajeren amo mai nauyi da ake maimaitawa, wanda da ka ji shi ka san waƙar da za a yi. Mu take muke ce wa irin wannan. Mutumin nan maƙerin take ne, kuma a fagen kiɗan ƙarfe har yau ban ji wanda ya kamo shi ba.

Yanzu sai mu zo kan batun Shaiɗan, tunda shi ne tuhumar.

Da farko sunan ƙungiyar Earth, kuma kiɗan bulus na baƙaƙen fatar Amurka suke yi a mashaya. Da aka riƙa rikita su da wata ƙungiya mai irin sunan, sai a 1969 suka ɗauki sunan wani fim na ban tsoro na shekarar 1963 wanda Boris Karloff ya fito a ciki, wato Black Sabbath. Dalilin da suka bayar mai sauƙi ne: sun lura mutane suna biyan kuɗi su shiga silima don a tsorata su, sai suka ce me zai hana a yi kiɗan da zai tsorata mutane? Dabarar kasuwa ce ta samari matalauta masu neman hanyar tsere wa masana'anta. Waƙar farko a faifansu na farko, wanda aka ɗauka a yini guda aka fitar ranar Juma'a 13 ga Fabrairu, 1970, an gina ta ne a kan wasu sautuka biyu da ba sa jituwa a kunne, waɗanda masana kiɗan Turai na da suka yi wa laƙabi da shaiɗanin cikin kiɗa saboda wuyar rerawa. Laƙabi ne kawai, kamar yadda muke ce wa yaro mai ƙiriniya shaiɗani. Wannan tazarar sauti tana nan a kiɗan bulus da na jaz, tana nan a kiɗan Gustav Holst da ake koya wa yara a makarantun ƙasar nan. Ita kuma waƙar, labarin mutum ne da ya ga abin tsoro yana neman Allah ya cece shi. Yaya, ka taɓa jin mai bautar Iblis yana gudun Iblis yana kiran Allah?

Gicciyen da aka kifar a cikin bangon faifan, wanda masu tuhuma suke kafa hujja da shi, kamfanin faifan ne ya sa, kuma 'yan ƙungiyar sun ce ba a shawarce su ba. Gicciyen da suke ratayawa a wuya kuwa a miƙe yake, mahaifin Ozzy ne ya ƙera musu na farko. Labarin da suka bayar shi ne wasu matsafa sun gayyace su wasa, suka ƙi, aka yi musu barazanar asiri, tsoro ya kama su suka nemi abin kariya irin na addininsu. Wato dai laya suka ɗaura don tsoron matsafa. Mai rubuta yawancin waƙoƙinsu, Geezer Butler, a gidan 'yan Katolika masu riƙo ya tashi. Waƙarsa War Pigs ta 1970 zagin janar-janar da 'yan siyasa ce masu tura 'ya'yan talakawa yaƙi lokacin da ake ɓarin wuta a Vietnam, kuma a ƙarshenta ranar hisabi ce take riskarsu. Hand of Doom gargaɗi ce a kan allurar ƙwaya. After Forever kuwa wa'azi ce tsagwaronta, tana ƙalubalantar masu ƙaryata Allah da tashin ƙiyama. Shi Iommi da kansa, a shekarar 2017, ya tsara wa mawaƙan babbar majami'ar Birmingham kiɗan yabo wanda aka ɗauko kalmominsa daga Zabura. Ba addininmu ba ne, na sani, amma tsakanin Kirista da mai bautar Shaiɗan akwai tafiya mai nisa, kuma ɗalibin jami'a ya kamata ya iya bambancewa.

Kada a ce na zo wanke shi tas. In ana neman Iblis a tarihin mutumin nan, to akwai shi, amma a hoda yake. Hodar Iblis ta ci shekaru masu yawa na rayuwarsa, shi da abokansa, kuma bai ɓoye ba a littafin tarihinsa mai suna Iron Man da ya fito a 2011. Lokacin da suke ɗaukar faifansu na huɗu a Los Angeles a 1972 sun yi nitso a cikinta har suka yi mata waƙa. Suna cikin maye aka yi ta wawure musu dukiya, faifan Sabotage na 1975 tsakanin ɗakin ɗaukar sauti da ofishin lauyoyi aka yi shi. Wasan banzan da yake yi wa mai gangarsu Bill Ward ya kai har ya taɓa cinna masa wuta, mutumin ya ƙone sosai sai da aka kai shi asibiti. A 1979 sun kori Ozzy saboda shaye-shaye, alhali su ma masu korar ba a cikin hayyacinsu suke ba. Kuma gaskiya ne cewa daga baya an sami wasu ƙungiyoyin kiɗan ƙarfe, musamman a Norway a farkon shekarun 1990, da suka rungumi tsafi da gaske har aka ƙona majami'u. Da Yaya ya tara yara ya ce ku dubi yadda ƙwaya take cinye mai basira, ku yi hattara, wallahi da ni ne zan fara tafa masa. Wannan tuhuma ce mai hujja. Sai ya bar ta ya ɗauko wadda ba ta da tushe, don ita ta fi saurin tsorata yaro.

Sannan laifi tudu ne. A ɗakin wane ne a cikinmu ba a jin Shata in kewar gida ta taso? Alhaji Mamman Shata bai taɓa ɓoye shan da yake yi ba, har waƙa ya yi wa mashaya, amma Jami'ar Ahmadu Bello ta ba shi digirin girmamawa a 1988, kuma duk muna alfahari da hakan, domin mun iya raba basirar mutum da rauninsa in namu ne. Ɗanmaraya Jos da kuntigi mai tsirkiya ɗaya, irin wanda ake yi da gwangwanin kifi, ya yi wa karen mota waƙa ya ɗaga darajar talaka. Wanda ya ga hikima a gwangwanin kifi ya kasa ganinta a robar sabulu, to ba kiɗan ne ya dame shi ba. Na kuma san irin kallon da aka daɗe ana yi wa masu garaya da goge a gida, ana ce musu 'yan bori ko da ba su taɓa zuwa inda ake yi ba. Halin nan ne muka sa a jaka muka hau jirgi da shi.

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne muna zaune a gari shekara uku, huɗu, ba mu san abin da mutanen garin suke ji da shi ba, sannan mu yi ta ƙorafin cewa su ba su san mu ba, suna yi mana kuɗin goro da 'yan ta'adda. Ashe zafin kuɗin goro muna jinsa in a kanmu ya faɗo. Mutumin da muka hana yaro zama kusa da hotonsa ya sa hannu a faifan taimakon waɗanda girgizar ƙasa ta 1988 ta shafa a Armeniya, daga baya shi da mawaƙi Ian Gillan suka tara kuɗin sake gina makarantar kiɗa a garin Gyumri. An gano yana da sankarar kaluluwa a farkon 2012, ya riƙa zuwa asibiti yana dawowa ɗakin ɗaukar sauti har suka kammala faifan 13, wanda ya zo na ɗaya a Ingila da Amurka a 2013. A wannan shekarar Jami'ar Coventry, nan kusa da mu, inda wasu 'yan ƙungiyarmu suke karatu, ta ba shi digirin girmamawa. Shi ne kaɗai bai taɓa barin Black Sabbath ba tun da ta ɗauki wannan suna a 1969, mawaƙa sun zo sun tafi, har da Ronnie James Dio, shi yana nan.

A ranar 5 ga Yuli, 2025 su huɗun na asali suka yi wasansu na ƙarshe a filin ƙwallon Villa Park, 'yar tafiya kaɗan daga titunan da suka yi wasan ƙasa. Mutum fiye da 40,000 suka cika filin, manyan ƙungiyoyi irin su Metallica suka zo gaishe da iyayen gidansu, aka kuma ware ribar domin asibitin yara na Birmingham da gidan kula da yara marasa lafiya na Acorns da masu binciken cutar Parkinson. Ozzy a zaune ya yi waƙa domin ƙafa ta ƙi. Bayan kwana 17 ya mutu. Da aka zo wucewa da gawarsa, a daidai wannan gada aka tsaya, iyalinsa suka sauko suna kuka a gaban furannin da jama'a suka tara a kan bencin nan da Yaya ya ce a tashi daga kai.

Ku ma samarinmu masu sayen baƙar riga mai hoton ƙwarangwal don a ce kun waye, ba ku tsira ba. Na tambayi ɗaya daga cikinku sunan mai jitar ƙungiyar da ke rubuce a ƙirjinsa, ya tsaya yana sosa ƙeya. Da kai da Yaya duk jirgi ɗaya ya kwaso ku, shi ya ƙi abu bai san shi ba, kai ka so shi ba ka san shi ba.

Ni ba na cewa kowa ya je ya saurari Black Sabbath. Kunnen da ya saba da kalangu zai iya jin abin kamar ana sauke kwanon rufi daga mota, mahaifiyata ma da ta ji shi ta waya tambayata ta yi ko injin niƙa ne ya lalace a gidanmu. Buƙatata biyu ce. Ta farko, Yaya ya nemi yaron nan ya ba shi haƙuri, tunda a gaban mutane aka kunyata shi, kuma tun ranar bai sake zuwa taro ba. Ta biyu, Edita, hoton yana nan a wayata, na haɗo maka shi da wannan takarda. Mutum goma sha ɗaya ne a ciki, bakwai namu, huɗu na Aston, kuma na biyu daga dama a cikin namu shi ne yaron, yana dariya, kafin a daka masa tsawa.